Malaman lissafi, a daina ce wa yara absolut balyu ba ya son nagetif

Malam Edita, assalamu alaikum. Don Allah a ɗan ba ni fili in yi magana da 'yan uwana malaman lissafi na sakandare, musamman masu shirya yara WAEC da NECO da JAMB.

Akwai wata hadda da ake cusa wa yara wai absolut balyu, wato nisan lamba daga sifili da ake rubutawa |x|, ba ya son nagetif, wato lambar da ke ƙasa da sifili, shi ke nan yaro ya riƙe ta gam, ka rubuta masa f(x) = |x| ka ce ya nemo domen sai ya ce maka daga 0 zuwa sama, har da murmushi. To ai wannan renj ne ɗana, abin da ke fitowa ke nan. Domen kuwa lambobin da za ka iya zuba wa x ne, kuma sandunan nan biyu da Bajamushe Karl Weierstrass ya fara amfani da su a 1841 ba sa korar kowa, ka ba su -7 su miƙo maka 7, don nisan lamba daga sifili kawai suke aunawa, ko hagu ka yi ko dama nisa nisa ne. Saboda haka domen na |x| duk lambobin da ke kan layin lamba ne.

Masu hana shiga daban suke, raba abu da sifili da kuma sikwaya rut na nagetif (sikwaya rut shi ne alamar √, neman lambar da in ka ninka ta da kanta za ta ba ka abin da ke ciki). Ɗauki 1/(|x| - 4), kusan duk ajin za su ce a cire 4, su manta -4 ma sifili take mayar da ƙasan, wato |x| - 4, nan ne wallahi maki ke zubewa, rabin amsa kuma mai makin ba ruwansa. Haka √(|x| - 2), dole |x| ta kai 2 ko ta wuce, wato x ≤ -2 ko x ≥ 2, tsakiyar ce ramin. In ka juya shi ya zama √(5 - |x|) sai lamarin ya kife, tsakiyar ce ta halatta, daga -5 zuwa 5 har da su kansu.

Ni dai a ganina laifin gaggawar gama silabus ne, ana ba da doka ba a zana komai. Ja layin lamba a allo ba ya cin alli mai yawa, ka sa yaro ya gwada lamba ɗaya a hagu ɗaya a dama ɗaya a tsakiya, da kansa zai ga inda ta ƙi shiga.

Duk malamin da ke ganin na cika baki ya ba 'yan ajinsa 1/(|x| + 1) gobe, ƙasan ba ya taɓa zama sifili don haka babu lambar da za a cire, sai ya ƙirga yara nawa ne za su cire -1.

Wassalam,
Wani malamin lissafi daga Zariya