A gyara makirfo kafin a shiga fagen wasa

Malam Edita, assalamu alaikum.

Ka ba ni fili in ja hankalin matasanmu na Rigasa, Kawo da Tudun Wada masu buga wasannin waya na PUBG Mobile da Free Fire.

In abokan wasa ba sa jin ka, fara duba saitin waya ko ka ba manhajar izinin makirfo. Daga nan, a PUBG Mobile, taɓa alamar makirfo a gefen allo, ka zaɓi 'yan ƙungiyarka kaɗai. In ka bar shi a kan kowa, abokin gaba da ke kusa zai ji shirinku tas.

Amsa-kuwwar nan mai damun mutane daga sifikar waya take, makirfo ke sake ɗaukar muryar. Abin kunne mai igiya ke maganinta. Na Bluetooth kan jinkirta sauti. In lambar ms da ke kan allo, mai nuna jinkirin intanet, ta yi yawa, murya kan riƙa yankewa, sai a koma gajerun saƙonnin da aka tanada cikin wasan. Kusa da janareta kuwa, don Allah a kashe makirfo sai za a yi magana.

Abin da ya fi tayar min da hankali yara ne. Iyaye, ku gargaɗe su: ko lambar waya, ko unguwa, ko lambar sirrin da ta shigo ta tes, kada su ba baƙo. Mai zagi a toshe shi, a kai ƙararsa cikin manhajar.

Naka,
Mai karatu daga Tudun Wada, Kaduna