Kun manta da 'yar aikin da ke niƙa kofi

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Na karanta sharhin da kuka buga kan finafinan Italiya na bayan Yaƙin Duniya na Biyu. An yi ƙoƙari, sai dai kullum Sophia Loren, kullum Gina Lollobrigida, kamar su kaɗai aka haifa. Ni akwai wadda nake so a sa a lissafi: Maria Pia Casilio.

An haife ta a 1935 a wani ƙauye na yankin Abruzzo. Ba ta taɓa tsayawa gaban kyamara ba lokacin da darakta Vittorio De Sica ya ɗauko ta, tana 'yar shekara goma sha, ya ba ta matsayin 'yar aiki a fim ɗinsa Umberto D. na 1952. Shi kansa tsohon da ya ja fim ɗin, Carlo Battisti, malamin jami'a ne a Florence, ba ɗan wasa ba.

Akwai wata fitowa tata da na maimaita ya fi sau goma. Gari ya waye, ta tashi daga shimfiɗarta a lungun gidan uwargijiyarta, ta shiga kicin. Ta ƙyasta ashana a bango, ta ƙi kamawa, ta sake. Ta ɗora ruwa, ta zauna ta rungumi injin niƙa kofi tana juyawa. Can ta dubi cikinta, don juna biyu gare ta, kuma a cikin sojoji biyun da take kulawa ba ta san na wane ne ba. Hawaye ya taru a idonta. Sai ta miƙa ƙafa, da ɗan yatsa ta tura ƙofa ta rufe, ba tare da ta tashi ba. Ko uffan ba ta ce ba. Wallahi wannan miƙa ƙafar ta fi mini dogon jawabin manyan taurari goma.

Fim ɗin bai yi kasuwa ba a gida. Giulio Andreotti, wanda harkar finafinai ke hannunsa a gwamnati a lokacin, ya soki De Sica a rubuce cewa yana ɓata wa Italiya suna a idon duniya da nuna talaucinta.

Abin da ke ci mini rai shi ne yadda aka yi da ita daga baya. Furodusoshi sun ga fuskar 'yar ƙauye, shi ke nan suka kafe a nan: yau 'yar aiki, gobe budurwar wani. A 1954 ita ce Elvira, budurwar ɗan wasan barkwanci Alberto Sordi a fim ɗin Un americano a Roma. An yi dariya, yabo kuma ya tafi ga Sordi. Ta auri Giuseppe Rinaldi, wanda ya riƙa ɗora muryar Italiyanci a bakin tauraron Amurka Marlon Brando, daga nan fitowarta ta yi ƙaranci. Ta rasu a Rum a watan Afrilun 2012, tana da shekara 76.

In za ku sake taɓo wannan fanni, don Allah ku ba ta ko da sakin layi ɗaya ne, ku haɗa da hotonta riƙe da injin kofin nan.

Naku,
Mai karatunku na kullum