Zuwa ga shugaban majami'unmu na jihar Tahoua: a faɗa wa jama'a wane ne John Newton

Baba Fasto, gaisuwa mai yawa cikin sunan Ubangiji. Ina fata kana lafiya, da iyali da aiki.

Ni malamar makarantar Lahadi ce. Kwanan baya 'yan matan ƙungiyar mawaƙa suna koyon Amazing Grace, waƙar alherin nan mai ban mamaki, sai wata ta tambaye ni wa ya yi ta. Da na ce tsohon mai fataucin bayi ne, duk suka yi tsit. Shirun nan ne ya sa na ɗauki alƙalami.

An haifi John Newton a Landan a 1725. Ya tashi a bakin aikin jirgin ruwa, fitinanne, mai saɓo. Shi kansa ya ɗanɗani wulaƙanci irin na bauta a wani tsibiri kusa da Saliyo. A 1748 guguwa ta kusa nutsar da jirginsu, ya roƙi Allah jinƙai, ya tsira. Galibi a nan masu wa'azi suke tsayawa, amma wurin da ya fi taɓa ni yana gaba. Bayan tubar nan, Baba, mutumin ya zama kyaftin na jirgin bayi. Yana karanta Littafi Mai Tsarki a sama, 'yan Afirka suna ɗaure da sarƙa a ƙarƙashin ƙafafunsa. Ciwo ne ma ya raba shi da sana'ar a 1754.

A 1764 aka naɗa shi limamin coci a Olney, ƙaramin gari na talakawa masu saƙa. Can yake tsara waƙa ta bi wa'azinsa, don wanda bai iya karatu ba ya tafi gida da saƙon a baki. Waƙar tamu ya yi ta ne don wa'azin sabuwar shekarar 1773, a kan tambayar Dawuda cikin 1 Tarihi 17: wane ne ni har ka kawo ni nan? A 1779 shi da abokinsa William Cowper suka buga littafin waƙoƙinsu, ya kuma koma Landan da wa'azi.

Sai 1788 ya rubuta ƙaramin littafi yana tona abin da idonsa ya gani a cikin jirgi, yana cewa furcin nasa ya zo a makare. Shekara 34 ke nan da barin sana'ar. Ya ƙarfafa William Wilberforce, ɗan majalisar Ingila mai yaƙi da cinikin bayi, ya rasu a 1807, shekarar da Ingila ta haramta cinikin bayi.

Shekarun nan 34 su ne ke hana ni barci, domin maganar ba ta yi nisa da mu ba. A yankin Ƙonni aka sayar da Hadijatou Mani tana da shekara 12, ta zama wahaya, mace ta biyar, ba aure ba sadaki. Dokar ƙasa ta haramta bauta tun 2003, kotun CEDEAO, ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma, ta ba ta gaskiya a Yamai a 2008, ƙungiyar Timidria mai yaƙi da bauta kuwa ta daɗe tana wannan fama. Duk da haka har yau akwai gidan da za a hana saurayi aure a ce asalinsa na bayi ne, kuma na ji irin wannan magana daga bakin masu zuwa sujada. Kunya ta rufe ni ranar.

Na san mu kaɗan ne a jihar nan, kuma dattawa suna gudun abin da zai ɓata zama da maƙwabta. Amma maƙwabtanmu Musulmi da yawa sun riga mu buɗe baki a kan wannan, ba mu za mu fara ba.

Roƙona, Baba, ka keɓe Lahadi ɗaya a majami'unmu, a ba da labarin Newton dukansa har da wurin da ba daɗi, a yi wa'azi a kan wahaya da gorin asali, sannan a rera waƙar. Ka kuma sa mawaƙanmu su tsara tamu da Hausa, da kiɗan gida, wadda mata za su riƙa yi a bakin turmi. Idan ka amince, 'yan ajina za su fara haɗa baitoci tun wannan mako.

Ɗiyarka cikin Ubangiji,
Malamar makarantar Lahadi, Tahoua