Wasiƙar godiya ga ƙungiyar mawaƙa ta Huddersfield

Zuwa ga shugabanni da mambobin Huddersfield Choral Society, yankin Yorkshire, ƙasar Ingila.

Ranku ya daɗe. Bayan gaisuwa da fatan alheri, mu malamai ne masu koyar da waƙar murya huɗu a coci-cocin Jos da Kaduna. Mun ga ya dace mu gode muku a bainar jama'a saboda aikin da kuka riƙe tun shekarar 1836 ba ku sake shi ba.

Waɗanda suka kafa ƙungiyarku mutanen gari ne, garin masaƙun ulu, kowa da sana'arsa da rana. Sukan sa ranar haɗuwa daidai lokacin da wata ya cika, domin kowa ya ga hanyar komawa gida da ƙafa, wanda kuma ya makara sai ya biya tara. Har yau mawaƙanku ba albashi suke ɗauka ba, amma sai an gwada muryar mutum kafin a karɓe shi. Wannan tsari ne ya sa talakan gari yake rera waƙar da a wasu wurare sai ƙwararre.

Abin da ya fi ɗaukar hankalinmu shi ne Messiah, babban aikin waƙar addini na mai tsara kiɗa George Frideric Handel, wanda kuke rerawa kowane Disamba a babban zauren garinku. An rubuta shi a 1741, kashi uku ne, kuma yakan haura awa biyu. Duk wanda ya taɓa tsayawa gaban mawaƙa ya san inda gizo ke saƙa. Akwai wuraren da gaɓa ɗaya tak ake ja a kan sautuka masu yawa a guje. In kowa ya ja numfashi lokaci guda, sai waƙar ta tsinke a tsakiya. Maganin shi ne a raba numfashin, wannan ya shaƙa yayin da na kusa da shi ke riƙe da sauti, kuma a faifanku ba a jin inda aka yi ɗinkin. Haka nan idan iska ta fara ƙarewa a ƙirji, murya kan sauka ƙasa kaɗan-kaɗan, musamman ta sofrano da teno, wato muryoyin sama na mata da na maza, har a ƙare waƙa ƙasa da inda aka ɗauko ta. Ku kuwa inda kuka fara nan kiɗan da ke raka ku ke tarar da ku.

Sai matsalar yawa. Sauti yana tafiyar kimanin mita 340 a daƙiƙa, saboda haka na layin baya da ya dogara da kunnensa kullum a makare yake shigowa. Dole idonsa ya kasance a hannun mai jagora. Mutum fiye da ɗari su rufe kalma da harafin "t" ko "s" a bugu ɗaya, ba a ji wani ya biyo baya da nasa ba, wannan aikin maimaici ne na makonni, kuma mun san wahalarsa.

Muna yaba muku da adana aikin Sir Malcolm Sargent, wanda ya jagorance ku daga 1932 zuwa 1967. Faifan Messiah da kuka ɗauka tare da shi a 1946 har yanzu abin koyarwa ne, ko da yake a yau an fi son a rera shi da sauri da mutane kaɗan. A ganinmu nauyin muryar bas da alto (muryoyin ƙasa na maza da na mata) na wancan zamani yana da nasa daɗin da bai kamata a yar ba.

Akwai kuma zumunci tsakaninmu da yankinku. John Curwen, wanda ya yaɗa koyon waƙa da do, re, mi, an haife shi a Heckmondwike, kusa da ku, a 1816. Da wannan hanyar ce yawancin mawaƙanmu suke karanta waƙa har gobe.

Godiya ta musamman kan ƙungiyoyin yara da matasa da kuke renowa. Yaro namiji yakan daina waƙa sa'ad da muryarsa ta fashe, in ba a sami mai haƙurin sauya masa layi a hankali ba, shi ya sa teno ke ƙaranci kusan ko'ina. Muna roƙonku ku ci gaba da kula da su a waɗannan shekarun.

Allah ya saka da alheri, ya ƙara ƙarfin murya.

Naku,
Wasu malaman waƙa daga Jos da Kaduna