Yadda matsar da hita ya kwanar da mu cikin sanyi a Bradford

Assalamu alaikum Edita, ka ɗan ba ni fili in yi magana da 'yan uwa da ke zuwa Ingila karatu ko aikin jinya, dan abin da ya same ni a hunturun da ya wuce ba na so ya samu wani.

Gidajen nan kowane ɗaki akwai wani faffaɗan ƙarfe a manne da bango, su suna ce mai radiyeta, mu a gida hita kawai muke cewa. Ɗan uwan lagireton mota ne, ruwa ne ke yawo a cikinsa, boila mai amfani da gas ke dafa ruwan ta tura shi ta bututu ya zaga duk gidan ya dawo. To na falonmu yana daidai bangon da uwargida ke so ta sa doguwar kujera, muka jingina kujerar a gabansa, zafin duk kujera ke shanyewa mu kuma muna zaune da rigar sanyi ga kuɗin gas na tafiya, ka san dai yadda ya yi tsada tun 2022. Kullum maganar uwargida kenan, Baban Ummi a matsar da abin nan mana.

Ni kuma na saba da gida inda in kana so ka canja wa fanka wuri sai ka kira yaron unguwa ya huda bango shi kenan. Na kalli bidiyo biyu a YouTube na ce ai wannan ba wani abu ba ne. Na kashe boila, na rufe bawul ɗin nan biyu na gefe da gefe, na sa sifana na kwance noti. Edita ruwan da ya fito baƙi ƙirin kamar tsohon baƙin mai, ashe tsatsar shekaru ce ke taruwa a ciki, na tara roba amma da na ɗaga ƙarfen sauran ya tsiyaye a kan kafet ɗin mutane mai ruwan madara. A nan ne kuma na lura bututun ta ƙarƙashin katakon daɓe ya biyo, babu yadda za a yi ya kai sabon wurin sai an ɗaga kafet da katako. Na ce bari gari ya waye.

Abin da bidiyon bai gaya min ba, bawul ɗaya mai lambobi a kai shi ke buɗe kansa da kansa in ɗaki ya yi sanyi sosai, dan kar ruwa ya daskare a bututu, akwai wani ɗan murfi da ake ɗaura masa in an cire hita. Watan Janairu ne fa. Da asuba na sauko ƙafata ta faɗa cikin jiƙaƙƙen kafet, allurar furesha ta boila ta kwanta a sifili, boila ta ƙi tashi, ba ɗumi ba ruwan zafi, alwala ma sai da muka dafa ruwa a buta. Uwargida ko uffan ba ta ce ba, kallo kawai, wallahi gara ta yi faɗa.

Dole na kira mai gidan dan haya muke, kuma ashe tun farko sai da izininsa ake taɓa irin wannan. Ya yarda a matsar amma fulamba zai yi, daga aljihuna. Mutumin ya zo ya zuƙe ruwan gidan gaba ɗaya da tiyo zuwa waje, ya ɗaga katako ya ƙara bututun tagulla mai milimita 15, ya ƙwanƙwasa bangon ya nemo inda katako yake a ciki kafin ya kafa maratayi, dan bangon allo ne kawai ba bulo ba, ƙarfen kuma in ya cika da ruwa nauyi gare shi. Ya sake cika ruwa har allura ta tsaya tsakanin 1 da 1.5, ya zuba maganin hana tsatsa, sannan ya bi hita ɗaya bayan ɗaya da ɗan makulli yana fitar da iska har sai ta daina huci ruwa ya ɗigo. Ƙarƙashin taga ya mayar da shi, ya ce dama can nan aka fi sa su saboda sanyin da ke gangarowa daga gilashi. Ya kuma ce da na jira watan Yuli da ba wanda zai kwana cikin sanyi. Ita kanta boila ko bututun gas kuwa doka ta hana a taɓa sai mai rajistar Gas Safe, wato rajistar masu izinin aikin gas, Allah Ya so ban kai can ba.

Falo ya yi ɗumi yanzu, kujera ta samu bangonta. Tabon kafet ne ya ƙi fita duk wankin da muka yi, mun shimfiɗa darduma a kai, mai gida kuma ya riga ya ɗauki hoto, kuɗin ajiyarmu na hayar mako biyar na can yana jiran ranar da za mu tashi.

Naku,
Wani mazaunin Bradford, Ingila