Masu Zare Tunani da Ƙaho: Kira ga Malamai da Wanzaman Sakkwato

Ya Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon a ba ni ɗan fili a wannan jarida mai farin jini domin in ja hankalin jama'a a kan wata sana'a da ta ɓulla a wasu lungunan birnin Sakkwato, wadda masu yin ta suke kira "zare tunani". Da'awarsu ita ce, waswasi da zullumi da mugun tunani wani abu ne mai jiki da yake taruwa a ƙeyar mutum, kuma wai su an ba su sirrin tsotso shi da ƙaho, kamar yadda wanzami yake tsotse mataccen jini.

Ba ji na yi ba, gani na yi. Ƙanwata, bayan haihuwarta ta fari, ta shiga wani hali da ya tayar mana da hankali: takan maimaita alwala sau shida ko bakwai kafin ta tayar da salla, kuma zuciyarta tana yawan raya mata cewa za ta saki jaririn ya faɗi, har ta kai ba ta yarda a bar ta da shi ita kaɗai. Uwar mijinta ta samo labarin wani mutum a wurin suna, ni kuma aka ce in raka su. Muka same shi a wani zaure cike da hayaƙin turare. Ya sa ta kwance ɗankwali, abin da tun daga nan raina bai kwanta da shi ba, ya kafa ƙaho a ƙeyarta ba tare da tsaga ba, ya tsotsa, ya toshe bakin, sannan ya ce ta riƙa tuna abin da yake damunta "domin ya taso". Bayan ɗan lokaci ya cire ƙahon ya kife shi a ƙwaryar ruwa, sai ga dunƙulen baƙin zare yana yawo. Ya ce, "Hajiya, ga abin da ya hana ki barci." Aka biya Naira 15,000. Na lura cewa daga cikin jakarsa ya ɗauko ƙahon, kuma bai yarda kowa ya leƙa cikinsa ba kafin ya kafa shi.

Gaskiya ce ta yi barci kwana uku, domin wanda aka nuna wa cutarsa a cikin ƙwarya dole zuciyarsa ta ɗan sarara. A rana ta huɗu tunanin ya dawo, mutumin kuma ya ce saiwar ce ta rage, sai an ninka kuɗi. Asarar kuɗin ba ta dame ni ba kamar abin da ya biyo baya, domin yarinyar ta yanke wa kanta hukunci cewa tunda har an zare abin ya dawo, lalle ita ce mai muguwar zuciya.

Wannan kuwa ya saɓa wa abin da addininmu ya karantar. Ya tabbata a Bukhari da Muslim cewa Allah ya yafe wa wannan al'umma abin da zukata suka raya, matuƙar ba a aikata shi ko an furta shi ba. Muslim kuma ya ruwaito cewa wasu sahabbai sun kai kukan suna jin abin da suke ganin girman furta shi, Manzon Allah (SAW) ya gaya musu cewa wannan shi ne tsantsar imani. Ashe mai ƙin tunanin da ya zo masa ba mugu ba ne, kuma babu inda aka ce a nemo masa mai ƙaho. Abin kunya ne a ce a garin da Shehu Usmanu Ɗanfodiyo yake kwance, wanda ya ƙare rayuwarsa a 1817 yana yaƙi da bidi'a da camfi, garin da Nana Asma'u ta tura jajis, wato malamai mata da ta horar, ƙauye-ƙauye suna karantar da mata, garin da Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya yi rubuce-rubuce a kan ilimin magani, yau ake tatsar matanmu da guntun zare.

Likitoci ma sun san wannan lalura, sun kuma san takan taso wa wasu mata bayan haihuwa. Bayaninsu shi ne, duk yadda mutum ya matsa wa kansa sai ya kori wani tunani, haka tunanin yake ƙara naci, don haka maganin shi ne a koya masa ya daina kokawa da shi, a haɗa da ƙwayoyin magani idan akwai buƙata. Muna da Asibitin Tarayya na Masu Lalurar Ƙwaƙwalwa a Kware, muna da Asibitin Koyarwa na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo, sannan tun Janairun 2023 aka sa hannu a kan dokar kula da lafiyar ƙwaƙwalwa wadda ta maye gurbin tsohuwar dokar 1958. Abin da yake hana mutane zuwa shi ne tsoron a ce "an kai wance Kware", kuma a kan wannan tsoron ne masu zare suke cin kasuwarsu.

Ba wanzamai nake zargi ba, domin ƙaho sunna ne kuma sana'a ce mai asali. Sunansu ake ɓatawa, shi ya sa nake roƙon sarakunan aska su fito su nesanta kansu da waɗannan mutane. Ina kuma roƙon limamanmu na Juma'a su ware huɗuba a kan waswasi, malaman Islamiyyun matan aure su yi bayaninsa a aji, masu unguwanni kuma su binciki zaurukan da ake ba baƙi haya. Ƙanwata dai mun kai ta ga likita, yau wata na uku ke nan tana shan magani, kuma jiya da na je gidan na tarar da ita ita kaɗai a tsakar gida tana yi wa yaron wanka.

Wassalam.

Naka mai karatu,
daga unguwar Mabera, Sakkwato.