Kafin sanyi ya shigo a kula da bututun motar gida ko da hitarta ba ta da baifas

Assalamu alaikum Malam Edita, Allah ya ja da ranka,

Ina roƙon ɗan fili a jaridarmu domin 'yan uwa da ke zaune a Amurka da Kanada, musamman waɗanda suka sayi motar nan mai ɗaki da kicin da banɗaki a ciki, wadda ake ce wa RV. Yawanci ta hannu ake saye saboda sauƙin kuɗi, kuma wasu tsofaffin ba su da baifas, wato bututun da ke kewaye tanki, a bayan hitar ruwa, to anan ake tafka asara idan hunturu ya zo.

Shi ruwa in ya daskare ƙaruwa yake da kusan kashi 9 cikin ɗari, kuma a nan Minnesota sanyin Janairu yakan wuce digiri 20 ƙasa da sifili a ma'aunin Salsiyas, don haka duk ruwan da aka bari a bututu sai ya nemi hanya da ƙarfi. Bututun roba da ake ce wa PEX yana ɗan jurewa, amma mahaɗan roba da kan famfo da bawul ɗin masai ba sa jurewa, tsagewa suke, kuma mutum ba zai sani ba sai bazara in ya kunna ruwa ya ga ƙasan motar ya jiƙe katako ya fara ruɓewa.

Aikin baifas kamar titin da ke zagaye gari ne, maganin hana daskarewa mai launin ruwan hoda da ake ɗura wa bututu ya wuce ta gefe ba sai ya shiga tankin hita ba. In babu shi, sai ka cika tankin nan mai galan 6 ko 10 maƙil kafin ɗigo ɗaya ya kai famfon ruwan zafi, alhali galan 2 zuwa 3 ya isa motar gaba ɗaya. Wasu haka suke yi, su yi ta ɗura magani, ni kam ban yarda da wannan ba, ga ɓarnar kuɗi ga ɗanɗanon da ke maƙalewa a tanki sai an sha wanki kafin ya fita.

Ga yadda na fi natsuwa da shi. A kashe gas da lantarkin hitar, a bari ta huce sosai, don Allah kar a yi gaggawa anan domin ruwan zafi mai matsi yana ƙona mutum. A ɗaga bawul ɗin rage matsi, sannan a kwance toshiyar ƙasa, a hitar kamfanin Suburban toshiyar ita ce sandar anod mai hana tanki tsatsa, a ta kamfanin Atwood kuwa ta roba ce. A juye tankin ruwan sha, a buɗe magudanan ƙasan mota na zafi da na sanyi. Ɗan ruwan da zai rage a gindin hita ba matsala ba ne tunda yana da wurin faɗaɗa. Bayan nan a mai da toshiya a rufe magudanan, a haɗa kwamfresa a bakin da ruwan waje ke shiga, matsin iska kar ya wuce 30 zuwa 40 a ma'aunin psi, a riƙa buɗe famfo ɗaya bayan ɗaya, zafi sannan sanyi, har sai iska zalla ke fita, a danna na masai, kuma kar a manta shawar waje, ita aka fi mantawa wallahi.

Sai dai iska ba ta fitar da ruwan da ke cikin injin tura ruwa, kuma ɗigo yakan koma ya taru a lanƙwasa. Shi ya sa a wuri mai tsananin sanyi nake ba da shawara a leƙa bayan hita, a cire bututu biyun nan, na shiga da na fita, a haɗa su da juna da guntun tiyo mai bakin rabin inci, shi ke nan ka yi baifas na wucin gadi. A cire filtar ruwa, a sa tiyon da injin tura ruwa ke zuƙowa da shi cikin galan ɗin magani, a kunna har kowane famfo ya kawo ruwan hoda, a zuba kamar kofi guda a kowane sinki da magudanar wanka da masai. Wanda ke da hali ya sayi kayan baifas na dindindin a ɗaura sau ɗaya, ba su da tsada.

Abin da ya fi damuna shi ne maganin kansa. Na RV ruwan hoda ne, an yi shi don bututun ruwan sha. Na lagireton mota kuwa akwai sinadarin etilin gilaikol a ciki, guba ne mai lalata ƙoda, ga shi da zaƙi-zaƙi yaro ba zai ƙi shi ba. Bututun da za ka sha ruwa ka yi alwala ka dafa wa iyali abinci da shi, kar a kuskura a zuba masa na mota komai arharsa, a karanta jikin galan kafin a biya.

In bazara ta zo a mai da bututun yadda suke, a wanke layin da ruwa mai yawa, a tabbatar tankin hita ya cika har famfon zafi ya daina tofar da iska kafin a kunna lantarki, in ba haka ba ƙarfen dumama ruwan zai ƙone nan take.

Na gode Malam Edita, Allah ya ƙara ɗaukaka.

Naku,
Mai karatu daga Minnesota, Amurka